Miyar Miso ta Maƙwabciyata

Shekarar da muka koma unguwar Sultana a Madina ban san kowa a benen ba. Maigidana yana aiki a filin jirgin sama, ɓangaren kaya, kuma aikin nasu na karɓa-karɓa ne, wani makon ya fita da asuba, wani makon sai bayan la'asar. Yaranmu biyu suna makaranta. In na gama shara da wanke-wanke sai in zauna bakin taga ina kallon garejin da ke ƙasanmu, ina jin ƙarar guduma da hon ɗin motoci. Shaggarmu, wato ɗakunan hayar da muka kama, tana hawa na uku. Ƙofarmu na kallon wata ƙofa da ban taɓa ganin ta a buɗe ba, sai dai kullum in ga takalma a gabanta an jera su tsaf, bakinsu na kallon matakala.

Ranar da ƙofar ta buɗe, miyar kuka nake yi. Wata 'yar garinmu da ta zo umara ta kawo mini ƙullin daddawa daga hannun Inna, mahaifiyata, wadda ita ke yin abarta tun ina ƙarama. Duk wanda ya zauna gidan haya a ƙasar nan ya san abin da daddawa ke jawowa. A gidan da muka baro, matar mai gidan ta taɓa aikowa a tambaya ko wani abu ne ya mutu a bututun ruwa. Don haka da na ji ana ƙwanƙwasa ƙofa, na riga na shirya ban haƙurina.

Wata 'yar siririyar mace na tarar, gajeriya, abaya ta yi mata yawa, ga ciki ya fara fitowa. Ta yi sallama ta sunkuya, ta sake sunkuyawa. Larabcinta na littafi ne, irin wanda ake ji a huɗuba, nawa kuwa na kasuwa ne, don haka sai da muka sha fama kafin mu fahimci juna. Na fara ce mata ta yi haƙuri, yanzu zan buɗe taga. Ta girgiza kai. Ta ce, kalma bayan kalma, ƙanshin ne ya taso ta daga kwance, kuma in ba damuwa tana so ta ɗanɗana. Tun da na zo Madina ban taɓa jin wanda ba namu ba ya kira wannan abu ƙanshi.

Na shimfiɗa mata darduma, na zuba mata tuwon shinkafa da miyar. Da cokali ta ci, a hankali, har ta share kwanon. Sannan ta gaya mini ita 'yar Japan ce, ita da mijinta duka sun musulunta ne tun suna can, shi yana karatu a jami'a a nan. Ta ce a ƙasarsu akwai wani wake da ake rufewa ya ruɓe, a ci da shinkafa da safe, warinsa da na miyata kamar uwa ɗaya ta haife su. Ta yi makonni ba abin da ke zama a cikinta, ko warin kabsa, dafa-dukan shinkafar Larabawa, ta ji daga gidan abincin da ke ƙasa sai ta nufi banɗaki. Daga ranar ta fara ce mini abla, yadda mutanen Madina ke kiran yaya mace. Yarana kuma, waɗanda in na yi musu Hausa sai su amsa mini da Larabci, suka sa mata khala, wato ƙanwar uwa.

Bayan 'yan kwanaki ta zo ta ce yau ita ma za ta rama. Shaggarsu daidai take da tamu, amma sai ka rantse ta fi tamu girma, don ba komai a ciki sai wani ɗan gajeren tebur da littattafan mijin a jingine da bango. A kicin ta nuna mini wani busasshen abu baƙi mai tauri kamar fatar da aka shanya. Ta ce ganyen teku ne, kombu sunansa, tun safe ta jiƙa guda a ruwan sanyi. Ta ɗora tukunyar a ƙaramar wuta, muka tsaya muna kallo. Da ruwan ya fara 'yan ƙananan ƙwayaye a gindi sai ta tsame ganyen, tun bai tafasa ba. Ta ɗebo wani abu cikin tafin hannu mai kama da askin katako, ta ce busasshen kifi ne aka fere shi haka. Ta watsa, ta kashe wuta, ta bari ya nutse da kansa, sannan ta tace. Ruwan ya fito garau, launin shayin da bai ji ganye ba.

Ni dai ina tsaye ina jiran in ga inda za a soya albasa. Ba a soya ba. Ta mayar da ruwan kan wuta, ta yanka wata farar aba ƙanana ta zuba, da wani ganyen teku mai laushi da ya kumbura a ruwa. Sai ta sake kashe wutar, ta buɗe wata roba mai ɗauke da wani abu kamar tunkuza mai danshi. Shi ne miso. Ta ɗiba a ludayi, ta tsoma ludayin rabi a cikin romon, tana dama shi da tsinkayen cin abincinsu har ya narke ya bazu kamar hadari. Ta yanka ganyen albasa a kai. Shi ke nan, wai an gama miya.

Ba zan ɓoye ba, kurɓar farko ji na yi kamar ruwan gishiri da aka wanke kifi a ciki. Ba yaji, ba mai, ba abin da za ka kama da tuwo. Na daure na shanye don kada ta ji kunya. Amma da na koma gida ina ninke kayan yara, sai na ji wani ɗanɗano ya zauna mini a ƙarshen harshe, mai zurfi, irin wanda ke saura in ka sha romon da aka sa wa daddawa daidai gwargwado. Washegari ni na ƙwanƙwasa mata.

Farar abar nan da ta yanka kuwa tun a tukunya na gane ta. Na ce mata ai wannan awara ce. Ta ce sunanta tofu, kuma da ƙyar mijinta ke samo ta a wani babban kanti mai nisa, ga tauri, ga ɗanɗanon kwali. Na yi dariya har ta tsargu. A unguwarmu ta gida ba yarinyar da ba ta iya awara ba. Na sa maigidana ya nemo mini waken suya, na jiƙa, na markaɗa, na tace da mayafi mai tsabta, na dafa madarar, na ɗiga mata ruwan lemon tsami har ta tsinke. Da na zo matsewa sai ta riƙe mini hannu, ta ce kada in danne ta da ƙarfi irin ta suya, a bar ta da ruwanta. Muka yanka tana da ɗumi, tana rawa a kan wuƙa. Ta sa guda a baki ta rufe ido, ta daɗe ba ta buɗe ba.

Haka muka raba aiki. Awara tawa, romo nata. Kusan kullum da hantsi, in maza sun fita, ɗaya na wajen ɗaya. Ina gyara mata Larabcin sayen tumatir, tana gyara mini karatun da na ɗauko da kurakurai tun na allo. A irin wannan zaman ne ta ba ni labarin mahaifiyarta. Ranar da ta gaya wa iyayenta ta musulunta, uwar ta tashi ta shiga kicin ta rufe ƙofa. Ba ta je ɗaurin aurenta ba. In ta kira waya uban ne ke ɗauka, ya ce uwar na wanka ko ta fita. Amma tun da suka zo Madina, duk bayan 'yan watanni sai kwali ya iso, da kombu da kifi da robar miso. Ta ce mison kasuwarsu da yawa ana ɗiga masa barasa kaɗan don kada ya ci gaba da kumbura a roba. Uban ne ya tsegunta mata cewa tsohuwar kan ɗauki tabarau ta bi kantuna tana karanta bayan kowace roba, har sai ta sami wanda ba a sa wa ba.

Na ce mata, "To ai ta huce."

Ta ce, "Ba ta huce ba, abla. Ba ta son in zauna da yunwa ne kawai."

Ni ma na ba ta labarin Inna, yadda take kwana biyu a kan kalwa, ta dafa, ta surfa da toka, ta wanke a bakin rijiya, ta sake dafawa, ta rufe da ganye a ɗakin da ba a barin mu shiga. Na gaya mata rabona da gida tun babbar 'yata tana goye. Duk shekara sai mu ce bana, sai wani abu ya taso, ko sabunta iƙama, wato takardar izinin zama, ko hutun maigida ya ƙi dacewa da na makaranta. Ba ta ce in yi haƙuri ba, kamar yadda kowa ke cewa. Ta dai ƙara mini miya a kwano.

Da haihuwa ta zo, namiji ta samu. Ba ta da kowa, don haka ni na zame mata uwa. Na yi zaton za mu yi rigima a kan ruwan zafi, don na ga yadda 'yan matan yanzu ke gudun wankan jego, sai na tarar ita ke cewa in ƙara, wai a garinsu a cikin wanda ya fi wannan zafi suke zama har wuya. Kunun kanwa ne dai ya gagare ta, ta kurɓa sau ɗaya ta dube ni da idon neman afuwa. Sai na ce bari in yi mata miyarsu. Ranar ce na fara yi ni kaɗai. Na yi komai yadda na gani, amma da na narka mison sai hannuna ya ƙi yarda a sauke miya ba ta tafasa ba. Na bar ta ta yi ɓararraka sosai, kamar yadda aka koya mini tun ina tsaye a kan turmi ina leƙen tukunya. Ta shanye tas ta yi godiya. Sai bayan suna, muna zaune tana shayar da yaron, ta ce mini miso abu ne mai rai, in ya tafasa ƙanshin ya gudu, gishiri kawai ke saura. Ta faɗa tana kallon kan jaririn don kada in ji nauyi.

Da sanyi ya shigo, kwalin da ya zo ya bambanta da na baya. Ban da kayan da aka saba, akwai wata jaka ta busasshiyar shinkafa da wani farin gari ya lulluɓe. Maƙwabciyata ta zauna a ƙasa riƙe da jakar. Ta ce wannan koji ne, da shi ake haɗa miso tun daga tushe. Kakarta kan yi duk sanyi, uwarta ma haka, ita kuwa tana yarinya aikinta kawai murƙushe wake. Ba ta san ko tsohuwar na nufin ta gaji da aike ba ne, ko kuwa tana nufin lokaci ya yi da za ta iya da kanta. Na ce ko ma wanne ne, wake dai muna da shi.

Ta ce akwai sauran abu guda, dutsen dannewa. A Sultana kuwa ba ka samun dutse sai gutsuren bulo. Aka yi sa'a a makon maigidana ya sami hutu, ya ce mu je Khaibar mu gaida wani ɗan garinsu da ke aiki a gonar dabino. Muka cika mota biyu, mu da maƙwabciyata da mijinta. Hanyar duk baƙaƙen duwatsu ne, shimfiɗe har inda ido ya tsaya, sai can ka hango koren dabino a cikin kwari. Maza suka zauna ƙarƙashin itatuwa suna shan shayi, mijinta na ta tambayar yadda ake yi wa dabino barbara, mai gonar na amsawa da Hausa da Larabci a cakuɗe. Mu kuwa muka bi gefen gona, ita da goyo a gaba yadda suke yi, tana ɗaga duwatsu tana ajiyewa kamar mai zaɓen kankana. Ta sami wani mai faɗi, ƙasansa a shafe. Da muka dawo da shi mai gonar ya yi ta dariya, ya ce mutane na zuwa Khaibar su tafi da dabino, yau ga waɗanda suka zo ɗaukar dutse. Ya haɗa mana da dabinon ma.

Ranar haɗin, tun safe wake ke kan wuta. Ta ce ba ya nuna sai ya murƙushe tsakanin babban yatsa da ƙaramin ba tare da an matsa ba. Na fito da ɗan turmina da na zo da shi daga gida, muka ninka bargo muka ɗora shi a kai saboda mutanen hawa na biyu. Ina daka tana kwashewa. Da ya huce ta murje kojin da gishiri, muka zuba a babban faranti muka cuɗa da hannu huɗu. Sannan muka dunƙula shi kamar fura, ta nuna mini yadda ake jefa kowace dunƙule da ƙarfi cikin robar don iska ta fita. Wannan ɓangaren ya yi mana daɗi. Matar da ko ƙofa ba ta rufewa da ƙara, sai ga ta tana ɗaga hannu tana maka wake a roba tana ƙyalƙyala dariya. Muka shafe saman, ta barbaɗa gishiri, ta rufe da leda, muka ɗora dutsen da muka riga muka dafa muka naɗe.

Na tambaye ta yaushe za a ci. Ta ce sai zafi ya zo ya wuce. Da na gaya wa Inna a waya, sai ta ce wace irin daddawa ce wannan mai cin shekara, ko mutanen ba sa jin yunwa ne. Na fassara wa maƙwabciyata, ta ce in gaya wa Inna tana gaishe ta, kuma in an buɗe za a aika mata nata.

Zafi bai gama kankama ba aka kira ta daga gida. Uban ne. Tsohuwar ta faɗi a kicin, ɓarin jikinta ya shanye, magana ma da ƙyar. Maƙwabciyata ita kaɗai suka haifa. Cikin 'yan kwanaki suka haɗa abin da za su iya ɗauka, mijin ya ce zai nemi a ɗaga masa karatu zuwa wani lokaci. Ni na riƙe yaron tana ninke kaya. Ta kawo mini sauran kombu da kifin, da ƙananan akusanta masu jan ciki, sannan mijinta da maigidana suka ɗauko robar da dutsenta suka shigo da ita wajenmu. Ta zagaya shaggar da ido, ta zaɓi lungun bayan ƙofar ɗakin kwanana, inda sanyin na'ura ke kaiwa amma rana ba ta kaiwa.

Ta ce, "Kada ki buɗe don ki gani, abla. Na san ki."

Na ce ai kafin lokacin ta dawo mu buɗe tare. Ta ce in sha Allahu. Ban bi su filin jirgi ba, don yara na gab da tasowa daga makaranta. A bakin matakala muka rabu. Ta sunkuya irin tasu, ni kuma na jawo ta na rungume, na ji duk ƙasusuwan bayanta. Maigidana da ya dawo ya ce shi da kansa ya ɗora akwatunansu a kan bel ɗin da ke jan kaya, ya kuma tsaya har jirgin ya tashi.

Zafin shekarar ya yi tsanani, ko ni ce na ji shi haka. Da rana titin Sultana kan mutu, garejin ma su saki ƙofa, ba ka jin komai sai gurnanin na'urorin sanyi. Hantsi ya zame mini lokaci mafi tsawo. Nakan gama aiki in tsaya tsakar ɗaki da mayafi a hannu, sannan in tuna ba inda za ni. Muna aika wa juna saƙon murya, amma in muna hantsi su suna yamma, lokacin da take fama da ba tsohuwar abinci da juya ta a gado. Muryarta kullum ƙasa-ƙasa, kamar mai gudun tada wani. Ta ce ranar da suka isa asibiti ta ɗora yaron a gefen uwar mai lafiya, tsohuwar ta kama ƙafarsa da hannu ɗaya ta ƙi saki har ya yi kuka.

Na cika alkawari ban buɗe ba, sai dai in na zo shara nakan durƙusa in shinshina gefen murfin. Da farko warin dafaffen wake ne kawai. Daga baya ya fara sauyawa, wani abu mai zaƙi-zaƙi ya shigo. Wata rana na hango baƙin ruwa ya taso a gefen ledar, da wani farin fumfuna a baki-baki. Hankalina ya tashi, na ɗauki hoto na aika mata. Ta ce in kwashe fumfunar da cokali mai tsabta, in ƙara gishiri a wurin, ruwan kuwa kada in zubar, shi ne mafi daɗi. A ƙarshen saƙon ta ce mijinta ya sami aiki a can, maganar karatu sai wani jiƙon. Ba ta ce ba za su dawo ba, ni ma ban tambaya ba. A makon ne aka kama shaggarsu, wasu samari masu aikin gidan abinci suka shiga.

Da iska ta fara sanyi da safe, ta ce lokaci ya yi. Muka sa rana, na gama awarata tun da wuri, na jiƙa kombu, sannan na kira ta ta bidiyo na jingina wayar da tulun man gyaɗa. Na ɗaga dutsen, na yaye ledar. Abin da muka zuba fari-fari ya koma ja mai duhu, yana sheƙi, ƙanshinsa ya cika ɗakin har ƙaramin ɗana ya fito yana tambaya da Larabci me aka buɗe. Na ɗibo a cokali na kai kusa da wayar. Sai na ga hoton yana tafiya, ta bi wani ɗan siririn lungu, ta shiga ɗaki, ta juya wayar. Ga tsohuwa a kishingiɗe, gashinta fari fat, bakinta ya karkace gefe guda. Ban taɓa ganin ta ba sai ranar. Sai na gaishe ta da Hausa, na ce sannu da jiki, Mama.

Tsohuwar ta daɗe tana kallon cokalin. Sannan ta yi magana, doguwa, da ƙyar, 'yar tana kara kunne kusa da bakinta.

Maƙwabciyata ta ce, "Ta ce ya yi duhu, zafin garinku ya sa shi sauri. Ta ce ki rage hannu in za ki sa, zai yi ƙarfi." Ta saurara kuma. "Ta ce waye ya daka waken. Na ce ke. Ta ce an daka da kyau."

Daga nan hoton ya koma kallon silin, na ji motsi da jan hanci, ban san na wace ce a cikinsu ba. Na jira kaɗan, sannan na kashe.

Na haɗa miyar ni kaɗai. Na tsame kombu kafin ya tafasa, na bar kifin ya nutse, na tace, na zuba awara. Na kashe wuta, na narka mison a ludayi, na rage hannu kamar yadda aka ce. Na zuba a akushi ɗaya na zauna a ƙasan kicin na sha. Ta fi duk wadda muka taɓa sha daɗi, kuma ba wanda zan gaya wa a lokacin. Da maigidana ya dawo na ba shi, ya sha ya ce ba laifi, ya tambaya ko akwai yaji.

Robar ta kai mu har wani sanyin. Na ɗebi na Inna na ba wani mai komawa gida, ta aiko cewa ta sa a miyar kuɓewa, gishiri ya yi yawa amma ta gode. Kifin ya riga ƙarewa, na koma amfani da ƙananan busassun kifi da nake samu a wani shagon 'yan Indunusiya, in cire kawunan in jiƙa. Ba daidai ba ne, amma yana kusa. Maƙwabciyata ta so ta aiko mini da wani kojin, na ce ta bari, hidimar da ke gabanta ta isa. Tsohuwar na nan da rai har yau, ba ta tashi ba, kuma ba ta yarda kowa ya ba ta abinci sai 'yar. Yaron ya shiga makaranta. Saƙonninmu sun ja baya, daga kullum zuwa mako, daga mako zuwa sallah da azumi. Larabcinta ma ya fara zubewa, takan tsaya tsakiyar magana tana laluben kalma, ta yi dariya ta ce ta tsufa. Duk shekara takan ce suna sa ran umara.

A azumin da ya wuce na je Harami, Masallacin Annabi, sallar la'asar, na zauna a farfajiya wajen mata, ƙarƙashin manyan laimomin nan masu tare rana. Sai ga wata ƙungiya ta shigo, 'yan mata da tsofaffi, ƙanana, fararen fuska, kowace da ɗan ƙyalle iri ɗaya a ɗaure a jaka. Ban san lokacin da na tashi ba. Na bi su a baya ina leƙa fuskokinsu ɗaya bayan ɗaya, alhali na san da za ta zo da ta gaya mini. Da suka sami wuri suka zauna, na zauna a gefensu. Suna ta hira ƙasa-ƙasa, ni kuwa ko kalma ɗaya ban gane ba, ban ma tabbata ko harshen nata ne ko na wata ƙasar ba. Wata tsohuwa a cikinsu ta ga ina kallon su, ta matsa ta gyara mini wuri a kan shimfiɗarta. Muka yi sallah kafaɗa da kafaɗa. Da aka sallame ta miƙo mini hannu, na riƙe da hannu biyu, na ɗan daɗe fiye da yadda ya kamata. Sannan jagorarsu ta ɗaga tuta suka tashi, ni ma na nemi takalmana, don ban ɗora abin buɗa-baki ba.